Kawu da Gawon Baturen Holan

Na Allah ne mu, kuma can za mu tarar da shi. Kawu ya rasu wata Talata da hantsi a asibitin Lyon, ƙirjin nan da ya daɗe yana fama da shi ne ya tafi da shi. Ina Paris, a shagon atamfa da nake aiki a Château Rouge, ina cikin auna wa wata mata yadi, matarsa Hajiya ta kira ni. Ban ƙarasa awon ba. Kafin magariba ina Saint-Fons, unguwarsu a gefen Lyon.

Da na shiga falo, bango na fara dubawa. An ɗauko tsohon zanin gado an lulluɓe tablon Kawu, zanen fentin nan da ya shekara da shekaru a rataye saitin kujerarsa. Na tambayi dalili, aka ce ai za a yi ta salla a ɗakin. Na ce babu mutum a ciki, babu dabba, dutse ne da icce da gona, tun yaushe icce ya fara hana salla? Wata dattijuwa ta ce, "Ke dai zauna ki yi kuka kamar kowa."

Na zauna, na ji abin da masu gaisuwa ke faɗi. Wani Alhaji mai shagon wayar salula a unguwar Barbès ta Paris, wanda ya biyo jirgin ƙasa don ta'aziyya, ya shafa addu'a ya ce, "Allah ya jiƙan Malam. Mutumin kirki ne, sai dai abin Nasaran nan da ya shiga ransa." Ɗalibai biyu a bakin ƙofa suna raɗa wai gidan tarihi ya rufe, da ma haka suke kiran gidan tun yana raye. Wata ta matso kusa da ni ta ce, "An ce har magana yake yi da zanen."

Na ce, "Da kunnenki kika ji?"

Ta ce, "An dai ce."

Na ce, "To a dai bari."

Sai Yaya, babban ɗan Kawu, taubashina, ya faɗa a gaban kowa cewa in an yi sadakar bakwai zai sauke tablon ya maida shi kasuwar tsofaffin kaya inda aka samo shi. Na san matsayina. Ɗiyar ƙanwa ba ta da gado inda ɗa yake tsaye. Baki kawai gare ni, kuma ban yarda a tuna Kawu da sunan tsohon da zanen Nasara ya juya wa kai ba. Shi ya sa na zauna rubuta wannan, ni da rubutu ba ya damuna.

Kawu wan innata ne. Da ubana ya rasu, shi ya aiko aka kawo ni Lyon, ya sa ni lakwal, makarantar boko, ya riƙe ni har na gama lise, wato sakandare. Shi ya zo Faransa yana saurayi, ya shiga luzin, wato masana'antar magunguna ta Saint-Fons, bai fita ba sai da ritaya. In ya taso aiki ba ya gaisawa da kowa da hannu sai ya yi wanka, ya goge yatsunsa da lemun tsami. Komi nasa a hankali. Shayinsa sai ka yi fushi ka huce kafin ya zuba. In na tsaya kansa ina buga ƙafa sai ya ce, "Ɗiyata, sannu ba ta hana zuwa." Ni kuma in ce, "Sai dai a daɗe ba a je ba, Kawu." Ya yi dariya har tari ya sarƙe shi. Da na faɗi bak, jarrabawar gama lise, na ce ba zan sake ba, Paris zan tafi neman aiki, kowa ya yi ca a kaina. Shi kuwa ya ɗauki akwatina a kansa kamar ɗan dako, cikin Turawa, har tashar jirgi.

Tablon kuwa tun kafin zuwana yake gidan. Hajiya ta aike shi wata Lahadi ya nemo rishon ɗuma ɗaki a kasuwar tsofaffin kaya. Can tsakanin tsofaffin kujeru da fitilu ya hangi zanen dutse biyu jingine da juna kamar raƙumi ya durƙusa, ga wani babban gawo a gabansu, ga hatsi kore shar ya kai ƙirji. Ya tsaya cak. Ya ce wannan dutsen garinmu ne, can gabas da Damagaram, ƙarƙashinsa aka yanke masa cibiya. Ya rungumo shi a cikin bas har gida. Hajiya har gobe tana ba da labarin. "Na aike ka risho, ka dawo mini da gona. To shiga ciki ka ji ɗumi."

Daga nan ya shiga neman mai zanen. Akwai suna a ƙasan kusurwa, sunan da ko Faransawa ba su iya faɗa. Ranakun hutunsa ya riƙa zuwa ɗakin karatu na gari, da Faransancinsa na luzin, yana damun wata mata mai aiki a can har ta gaji ta taimake shi. Abin da suka tono kaɗan ne. Mutumin ɗan ƙasar Holan ne. A can gida shanu yake zanawa da fadamu da gajimare, irinsa sun yi yawa, ba mai saye. Zamanin da Faransa ke mulkinmu sai ya biyo wani kamfanin sayen gyaɗa ya gangaro ƙasarmu, ya bi ayarinsu gari gari. Ba ya ɗaukar fenti daji. Da fensir yake zana abin da ya gani, ya tara takardun a akwati, sai da ya koma ƙasarsu ya zauna ɗaki ya zuba launi. Zazzaɓi ya kore shi, ya koma bai yi suna ba, ya mutu ba a san shi ba. Kawu yana kiransa "mutumina," kamar wani abokin fada.

Wata rana wani ɗalibi mai karatun tarihi ya zo cin tuwo ya tsaya gaban tablon yana huci. Ya ce, "Baba, wannan ai zanen mulkin mallaka ne. Ina mutane? Ina haraji, ina aikin tilas? Ya share mu ya bar musu fili su ga kamar ƙasar ba ta da masu ita."

Ni na ji daɗin maganar, na ce, "Faɗa masa dai."

Kawu ya gama tauna lomarsa tukun. Ya ce, "Gaskiyarka, ɗana. Ubana ya ɗauki dutse a ka a hanyar da motar gyaɗar nan ta bi, har ya mutu wuyansa bai miƙe ba. Mutumin nan bai zo don mu ba, na sani. Amma ya zauna cikin rana ya kalli dutsenmu har ya san kowace tsaga tasa. Ni da aka haifa gindinsa ban taɓa ɗaga kai na dube shi ba sai a Lyon. Ƙara miya."

Ɗalibin bai gamsu ba, ni ma haka, kuma Kawu bai nemi mu gamsu ba.

Abin da masu gulma ba su sani ba shi ne abin da ya faru shekarar da Inna ta zo ganin likitan ido. Ita ba ta taɓa barin gida ba, noma take yi da hannunta. Da aka cire mata bandeji ta fara gani tas, Kawu ya kama hannunta ya kai ta gaban tablon yana rawar jiki kamar yaro. Ya ce, "Duba ki gaya mini ko ina ne nan."

Inna ta duba. Sai ta fashe da dariya har ta dafa bango.

Ta ce wa wanta, "Yaya, gawo da ganye cikin damina? A wace ƙasa?"

Wanda bai yi noma ba ba zai gane ba, to bari in faɗa. Gawo ba kamar sauran itatuwa ba ne. In ruwa ya sauka kowa ya yi kore, shi sai ya zubar da ganyensa ya tsaya tsirara, shi ya sa hatsi ke yin kyau a ƙarƙashinsa. Sai rani ya shigo, komi ya bushe, sannan ya yi lif. Ƙaramin yaro mai kiwon awaki ya san wannan. A tablon Kawu kuwa ga gawo cike da ganye, ga hatsi kore a gindinsa, lokaci guda.

Kawu bai yi dariya ba. Ya tsaya yana kallo, bakinsa a ɗan buɗe. Ranar bai ci abincin rana ba. Washegari muka tarar ya juya fuskar tablon ga bango.

Ni da bakina na je na same shi. Na ce, "Kawu, tunda ƙarya ce a jefar mana. Baturenka bai san komi ba, ya cuce ka shekara da shekaru."

Ban taɓa jin ya ɗaga mini murya ba sai ranar. Ya ce, "Rufe mini baki! Shi baƙo ne. Da rani ya zo, lokacin cinikin gyaɗa, ya ga gawo da ganye ya zana abin da ya gani. Ya koma ƙasarsu mai ruwa, ya ji labarin damina a bakin mutane, ya zuba ta a ƙasa. Laifinsa ke nan, ɗan kaɗan. Ni fa? Ni ɗan manomi, kullum ina zaune gabansa, ban gani ba!"

Na fita na bar shi. Mun yi kwanaki gaisuwa kawai ke haɗa mu, ita ma a taƙaice. Shi ya fara saukowa, ya aje mini kofin shayi bakin ƙofar ɗakina ya wuce.

Daminar shekarar ya tafi gida. Rabonsa da can tun rasuwar kakarmu, kullum sai ya ce baɗi. Ya yi wata biyu ya dawo ya rame ya yi baƙi, yana ta fara'a. Muka taru muna tambaya, dutsen ne? Ya ce, "Dutse yana nan. Amma tozon namu hagu yake, na tablon dama. Wataƙila ta baya ya zauna, wataƙila kuma dutsen wasu ne can dabam." Hajiya ta ce, "Ashe gonar ma ba tamu ba ce." Ya ce, "Ko ba tamu ba, ta wani ce." Ya ɗauko tablon ya maida shi mazauninsa.

Tun daga lokacin ya samo wata al'ada, kuma ita ce dalilin da ya sa gidan ke cika ranar Lahadi. Duk ɗan ƙasarmu da ya shigo, ɗalibi ko ɗan kasuwa, sai Kawu ya zaunar da shi a kujerarsa, ya ɗora shayi, ya ce, "Dubi nan da kyau. Me ka gani da ba daidai ba?" Na Maraɗi ya ce wannan ai wajensu ne, na Tawa ya rantse nasu ne. Wanda bai daɗe da zuwa ba, kafin ruwa ya tafasa ya ce, "Kai, Baba, gawon nan!" Kawu ya ce, "Madalla, sha shayinka." Wanda kuwa ya duba ya duba ya ce shi bai ga komi ba, ya shiga uku. Kawu ba zai gaya masa amsar ba. Zai tambaye shi rabonsa da gida, wa ya rage masa a can, yaushe ya ji muryar uwarsa. Daga nan kullum sai ya kira shi a salula. "Ka nemi hutun? Ka yanki tikitin?" Har mutum ya gaji ya tafi don ya huta da shi.

Na san wani injiniya da Kawu ya matsa wa haka har ya daina ɗaukar kiransa. Ƙarshe ya tafi, ya tarar da ubansa kwance, ya yi jinyarsa da hannunsa, a gabansa ya cika. Da ya dawo ya zo ya durƙusa gaban Kawu a falon nan. Ranar makoki yana nan, can kusurwa, yana kuka, mace ma ta fi shi dauriya. Alhajin Barbès ma, da ke cewa abin Nasara, a tambaye shi wa ya tura shi gida shekarar da aka aurar da ƙanwarsa. Ni ban ga hauka a nan ba. Na ga tsoho da ya gano ya yi nisa, ya ƙi yarda wani ya yi irin nisansa.

Ranar sadakar bakwai, da aka watse, na tarar da Yaya ya hau kujera yana kwance igiyar tablon. Tsakanin taubasai babu kunya, don haka ban tsaya zaɓen magana ba.

Na ce, "Sauko, Bafaranshe. Ubanka ko kwana goma bai yi a ƙasa ba kana kwashe masa kaya."

Ya ce, "Ke, ba ruwanki. Gidanmu ne."

Na ce, "Na sani. Amma ka san mutum nawa abin nan ya maida wajen iyayensu?"

Ya sauko da shi a hannu, ya jingine shi, ya juyo. Yaya a Lyon aka haife shi, Hausarsa in ransa ya ɓaci sai ta riƙa tsinkewa yana cikawa da Faransanci. Ya ce, "Na sani sarai. Kowa ya zo a zaunar da shi a kujera a ba shi shayi. Ni an taɓa zaunar da ni? Ni ban san gawo ba, ban taɓa ganinsa ba, me zai tambaye ni? Ina buga ƙwallo ranar Lahadi, iyayen kowa na bakin fili, nawa yana nan yana kallon dutse. In na shigo da kofin da muka ci sai ya ce madalla, idonsa na bango. Ke kin zo daga can, kin zo masa da ƙamshin gida. Ni nan ne garinmu, kuma bai taɓa tambayata yadda yake ba."

Duk abin da ya faɗa na gani da idona, ban dai taɓa aje shi a wannan ma'auni ba. Kawu mutum ne, ba waliyyi ba. Ya tura ƴaƴan mutane wajen iyayensu, nasa ɗan yana ɗaki na kusa yana jiran a kira shi.

Hajiya tana zaune kan tabarmar takaba, duk ta ji. Ta ce, "Ku biyun nan kun ishe ni. Kai, ba za a maida shi kasuwa ba, wani ya saye shi don katakon jikinsa. Ke kuma ba zai zauna nan ba, yaron nan ya gaji da ganinsa, ni ma in na fita takaba gida zan koma in ga na gaske. In kina so ki ɗauka, in ya yarda. Nasa ne."

Na dubi Yaya. A rayuwata ban iya roƙo ba, amma na roƙa. Na ce, "Don Allah, Yaya."

Ya dubi tablon. Sannan ya ce, "Ɗauki. Kada in sake ganinsa."

Washegari da safe na fito da igiya da kwali zan ɗaure, na tarar an riga ni. Ya naɗe shi da bargon Kawu, ya sa tsumma a kusurwoyi huɗun, ya ɗaure tam. Shi ya sauko da shi daga bene, ya hana ni taɓawa, ya kai ni tashar jirgi a motarsa. Da jirgin Paris ya tsaya, ya shiga da shi da kansa ya nemo masa wuri bayan kujera, ya girgiza ya ga ba ya motsi. Har ya sauka ya sake leƙowa.

Ya ce, "Kada ki rataye shi inda rana ke bugawa, tana cin launi. Kuma ba a goge shi da ruwa, busasshen ƙyalle mai laushi, daga sama zuwa ƙasa."

Na ce, "Wa ya gaya maka?"

Ya ce, "Ba wanda ya gaya mini. Ina tsaye bakin ƙofa yana yi."

Ƙofar jirgi ta rufe. Yanzu tablon yana ɗakina a Château Rouge, a bangon da rana ba ta kaiwa.

Allah ya jiƙan Kawu, ya yafe masa abin da ya gani da abin da ya kasa gani, ya sanyaya makwancinsa a ƙasar da ba a haife shi ba. Allah ya ba Hajiya da Yaya haƙuri, mu kuma in tamu ta zo ya sa mu cika da imani. Amin.